Yadda Za Mu Rage Hotunan Gem Da Tallan Caca A Wayoyinmu

'Yan'uwa manoma, a zagayen da muka yi wa ƙungiyoyinmu na gama-kai a wannan rani, daga Dawakin Kudu zuwa Tamburawa har Kura da Bunkure, akwai kuka guda da muka yi ta ji, ba kuwa na taki ba ne ko na tsutsar tumatir. Kukan waya ne. Mutum ya sayi data da kuɗin guminsa domin ya ga yadda kwandon tumatir ya kwana a Kwanar Gafan, ko ya ji ranar da za a saki ruwa a kanal. Da ya buɗe Facebook ko TikTok, sai ya tarar da waɗansu 'yan tsana suna harbe-harbe, ga motoci suna tsere, ga wani saurayi yana ihu wai ya ci kuɗi a ƙwallon daren jiya. Ya tura sama, wani irinsa ya fito. Kafin ya kai ga abin da ya zo nema, data ta ƙare.

Wani dattijo, ma'ajin ɗaya daga cikin ƙungiyoyinmu, ya miƙo mana wayarsa, ya roƙa mu duba ko an yi mata wani abu ne, gama shi tun da aka haife shi bai taɓa buga gem ba. Sanarwar rabon irin alkama ta wuce shi da kwana huɗu, tana can ƙasa a binne cikin waɗannan hotuna. Da muka bincika, ashe jikansa ne yake kai wayar wurin mai caji kowace yamma, ba ya kuwa dawowa da ita sai bayan sa'a biyu. Wayar lafiyarta ƙalau. Abin da aka koya mata ne take yi.

Wa yake zaɓa mana abin da muke gani?

Dukanmu mun san yadda ruwa yake zuwa gonakinmu. Daga madatsar Tiga, wadda aka gama a 1974 zamanin Gwamna Audu Bako, ruwa yakan bi babban kanal, ya rabu cikin ƙanana, har ya iso bakin fangali. Ruwan da ke Tiga ya fi ƙarfin gonar kowa, saboda haka akwai ƙofofi, akwai kuma masu buɗe su. Haka yake a Facebook da TikTok da YouTube da Instagram. Bidiyo da hotunan da ake zubawa a ciki rana ɗaya sun fi abin da mutum zai iya kalla duk tsawon ransa. Tilas a zaɓa masa. Amma mai buɗe ƙofa a nan lissafi ne na kwamfuta, wanda masana suke kira algoridim. Bai san mai kyau da marar kyau ba, ba ya kuwa jin kunyar furfura. Ƙidaya kaɗai ya iya.

Yana ƙidaya daƙiƙa nawa ka tsaya a kan bidiyo kafin ka tura shi sama. Yana lura ko ka kalla har ƙarshe, ko ka sake kallo. Yana rubuta abin da ka danna wa alamar so, da abin da ka yi magana a ƙarƙashinsa, da abin da ka tura wa wani, da shafin da kake bi, da kalmar da ka nema. Sa'an nan yana duba abin da mutane masu kama da kai suke kallo, wato na yankinku, masu harshenku, masu shekaru kamar naka. Daga nan yake kintatar abin da zai riƙe idonka. Dalili kuwa a fili yake. Kamfanonin nan da talla suke cin abinci, iyakar daɗewarka a ciki, iyakar tallan da za su nuna maka.

A dā, yawancin abin da mutum yake gani a Facebook na abokansa ne da shafukan da ya zaɓa da kansa. A Yuli 2022 Mark Zuckerberg, shugaban kamfanin, ya ce kamar kashi 15 cikin 100 na abin da mutane suke gani daga baƙi yake fitowa, waɗanda ba su bi ba, ya kuma ce za su ninka wannan kafin ƙarshen 2023. TikTok kuwa tun farko a kan haka aka gina shi. Shi ya sa wanda bai taɓa neman gem ba zai iya wayi gari ya ga shafinsa ya cika da shi.

Akwai wuri guda inda mutanenmu da yawa suke cutar kansu ba da saninsu ba, muna so a lura da shi sosai. Wani yakan ga tallan caca, ransa ya ɓaci, ya tsaya ya rubuta dogon faɗa a ƙarƙashinsa, har ya tura wa abokai goma domin su ga lalacewar zamani. A wurin lissafin nan, wannan mutum ya tsaya, ya rubuta, ya tura. Ban ruwa ya yi wa ciyawa, gobe za ta fito masa ninki biyu. Mun san malamin makaranta da ya yi wata guda yana wannan yaƙi, sai da muka nuna masa cewa hannunsa ne yake kiransu.

Ba dukansu ne ɗaya ba

Kada a ɗauka muna gāba da wasa. Mu ma mun yi langa a dandali, har yanzu kuwa ba ma wuce inda dattawa suke dara ba mu tsaya ba. Bidiyon da wani yake buga gem na ƙwallo ko na yaƙi, irin su PUBG da Free Fire, ɓarnarsa ita ce cin data da cin lokaci da binne saƙon da ake bukata. Wannan mai sauƙi ne.

Akwai kuma na dangwale, wanda ake ce maka ka yi ta taɓa fuskar waya za ka tara kuɗi. Kowa ya tuna 2024, sa'ad da Hamster Kombat ya shigo ta Telegram. Masu shi sun ce mutum miliyan 300 suka shiga a duniya. A ƙasar Kano har a bakin gona mun ga samari sun ajiye fartanya suna dangwale. Da aka yi rabo ranar 26 ga Satumba na shekarar, da yawa suka yi kukan cewa abin da ya zo hannunsu bai kai kuɗin data da cajin da suka kashe ba. Shafukan da suka yi ta yayata shi suna nan har yanzu cikin waɗanda mutanenmu suke bi, sun koma tallan waɗansu sababbi.

Wanda ya fi damunmu shi ne caca da ta sa rigar wasa. Za ka ga ɗan jirgin sama yana tashi, kuɗi yana ninkuwa a gefe, sai farat ɗaya jirgin ya ɓace da abin da aka zuba. Ko ƙafar keke mai launi-launi tana juyawa. Ko wani ya nuna takardar cin ƙwallo, ya ce ka shiga ta lambarsa. Sau da yawa irin wannan mutum ana biyansa la'ada ne a kan kowane sabon shiga da ya kawo, ba kuwa zai nuna maka ranakun da aka cinye shi ba. Kowace caca an tsara lissafinta yadda mai gidan zai rage da riba idan aka haɗa dukan abin da jama'a suka zuba. In ba haka ba, da me zai biya tallan?

A Oktoba 2024 hukumar Hisbah ta Kano ta rufe shagunan cacar ƙwallo da dama a cikin birni. A Nuwamba na shekarar Kotun Ƙoli ta yanke cewa dokar caca ta tarayya ta 2005 ba ta da iko a kan jihohi, kowace jiha ita ce za ta tsara nata. Amma shago ne ake iya sa wa kwaɗo. Wayar da ke aljihun yaro tana shiga har ɗakin kwanansa. A yankinmu kuwa kuɗi yakan zo ne a dunƙule, lokacin ɗibar tumatir da yankan alkama da casar shinkafa, sa'ad da saurayi yakan riƙe a mako guda abin da bai gani ba cikin wata uku. Kuɗin da ya kamata ya zama taki da man injin ban ruwa na baɗi, dare ɗaya ya ishe shi.

Aikin hannu

Abu na fari ba ya bukatar ilmin boko. Da zarar ka ga abin da ba ka so, tura shi sama nan take. Kada ka tsaya ka ga ƙarshensa, kada ka rubuta kome, kada ka nuna wa na kusa da kai.

Sa'an nan ka gaya wa na'urar a fili. A Facebook, kowane saƙo yana da ɗigo uku a kusurwar sama ta hannun dama, sau da yawa da alamar X kusa da su. In ka taɓa ɗigon nan, zaɓi zai fito. Akwai na cewa ba ka sha'awar irin wannan, akwai na ɓoye saƙon, akwai na dakatar da mai shafin har kwana 30, akwai na ɓoye dukan abin da ya fito daga wurinsa, akwai na daina binsa. A nan ne kuma ake samun wurin da yake bayyana dalilin da ya sa aka nuna maka saƙon. Yana da kyau a karanta shi, gama wani lokaci zai tuna maka da wani shafi ko zaure da ka shiga shekara biyu da suka wuce ka manta. A TikTok, ka ɗora yatsa a kan bidiyon ka riƙe, zaɓin zai fito. A YouTube ɗigo ukun suna gefen sunan bidiyo. Kamfanonin sukan sauya wa maɓallan nan wuri da suna daga lokaci zuwa lokaci, amma ɗigo uku ba su cika ɓacewa ba. Wanda Turanci yake ba shi wuya, ya zauna da ɗan makaranta sau ɗaya ya nuna masa. Tun 2016 kuma aka sa Hausa cikin harsunan Facebook, sai a duba wurin sauya harshe.

Amma maɓallan nan ba ƙarfinsu ɗaya ba. A 2022 ƙungiyar Mozilla, masu manhajar Firefox, ta gwada na YouTube tare da mutane fiye da 22,000. Ta tarar cewa danna "ba na sha'awa" ya hana kamar kashi 11 cikin 100 kaɗai na irin bidiyon da ba a so. Share bidiyon daga tarihin abin da aka kalla ya hana kamar kashi 29. Cewa kada a ƙara kawo wannan tasha ɗungum ya hana kamar kashi 43. Gwajin na YouTube ne kaɗai, amma ya yi daidai da abin da kowane manomi ya sani game da aya-aya. In ka sare ganyenta, bayan mako guda ta dawo, sai ka tono ƙwayar da ke ƙasa. Saboda haka shawararmu ita ce a fi ba da ƙarfi ga cire tushen, wato toshe shafin, da daina binsa, da fita daga zauren. Ku kuma lura, ko mafi ƙarfin maɓallan bai kai rabi ba. Duk wanda ya ce muku akwai wuri guda da za a danna kome ya ɓace, bai faɗi gaskiya ba. Ragewa ake yi, a kuma ci gaba da yi. A abin da muka gani a wayoyin membobinmu, wanda ya dage kowace rana yakan fara ganin bambanci cikin mako biyu zuwa uku.

Ka ware yamma ɗaya ka buɗe jerin shafukan da kake bi da zaurukan da kake ciki. Za ka yi mamaki. Shafi yakan fara da wa'azi ko labarin Kannywood, in ya tara jama'a sai a sayar da shi, sabon mai shi ya mai da shi na caca, kai kuwa kana nan cikin mabiya. Duk wanda ba ka gane ba, fita.

Talla kuwa hanyarta dabam ce, gama kuɗi aka biya domin ta iso gare ka, toshe shafi ɗaya ba ya tsai da ita. A cikin saitin Facebook da Instagram akwai sashen zaɓin talla, inda mutum zai nemi batu ya ce a rage masa. Tun 2022 aka sa caca cikin batutuwan da ake iya ragewa. Google ma, mai YouTube, yana da irin wannan wuri a cikin asusun mutum, inda ake rage tallan caca da na giya. Minti biyar ya isa a yi duka biyu. Kowace tallar caca da ta ɓullo bayan haka, a taɓa ɗigo ukunta a ɓoye ta.

Idan shafin ya lalace ƙwarai, akwai sharewa gaba ɗaya. TikTok ya kawo wannan a 2023, Instagram ya sanar da nasa a ƙarshen 2024, a YouTube kuwa share dukan tarihin kallo yana yin kusan wannan aiki. Na'urar za ta manta abin da ta koya, ta fara daga fari. Sai dai a yi hankali da makon farko, domin gonar da aka yi wa sabuwar huɗa duk abin da ya fara faɗa mata shi zai tsiro.

Wannan ya kawo mu ga abin da mutane suka fi mantawa. Cirewa kaɗai ba ta isa ba, gama na'urar ba ta barin fili. In ba ka ba ta abin da za ta kawo ba, za ta cika wurin da abin da samarin yankinku suke kallo. Ka nemi kalmomi kamar noman rani, noman alkama, renon tumatir, kiwon kaji. Ka bi shafin NiMet mai hasashen yanayi, da na NAERLS da IAR na Samaru a Zariya, da na IITA, da gidajen rediyon da ka amince da su. Bidiyon da ya amfane ka, kalle shi har ƙarshe, ka danna masa alamar so. A Facebook ana iya zaɓar mutane da shafuka har 30 a sa su cikin waɗanda aka fi so, nasu ya riƙa fitowa a sama. Shafin ƙungiyarku da na malamin gonarku su fara shiga ciki.

Game da data, a Janairu 2025 hukumar sadarwa ta NCC ta yarda kamfanoni su ƙara kuɗin kira da na data har kashi 50 cikin 100. Bidiyo kuwa shi ne ya fi kome shan data. A cikin saitin Facebook akwai wurin hana bidiyo tashi da kansa, sai ka taɓa shi. A WhatsApp akwai wurin hana hotuna da bidiyo sauka da kansu, da wurin hana baƙo jefa ka cikin zaure ba da izininka ba. Waɗannan uku a yi su yau.

Waya ɗaya, hannu biyar

Duk abin da muka faɗa zai rushe idan ba a gyara wannan ba. A yawancin gidajenmu babbar waya ɗaya ce, ta maigida ko ta uwargida, kowa kuwa yana taɓa ta. Na'urar ba ta san hannun kaka da na jika ba, duk mutum ɗaya take ɗaukarsu. Kai ka yi mako uku kana cire ciyawa, yaro ya zo dare biyu ya sake shuka ta.

Ba mu ce a hana yara waya ɗungum ba, mun san ba zai yiwu ba, su ne ma suke karanta wa waɗansunmu saƙo. Amma kafin ka ba da aron waya, fita daga asusunka na Facebook da TikTok, ko ka sa wa manhajar lambar sirri, yawancin wayoyin Tecno da Itel da Infinix suna da wurin yin haka. YouTube yana da yanayin kallo a ɓoye, wanda ba ya shiga tarihin mai waya, a nuna wa yaro ya riƙa kunna shi. A duba gem nawa aka sauke a wayar, gama na kyauta da talla suke rayuwa, sukan kuma yi ta aiko da sanarwa a saman waya dare da rana. Ɗora yatsa a kan sanarwar ka riƙe, za ka ga wurin kashe ta. Wanda ba a bukata a goge shi. In da hali, ka kai wayarka wurin caji da kanka.

Ma'aji da magatakarda, ku ji wannan da kyau. Wayar da ke ɗauke da asusun banki na ƙungiya ba ta aro ba ce, ko ga ɗan cikinka. Lambar sirrin tura kuɗi kada ta zama ɗaya da ta buɗe waya. Tsakanin tallan caca da asusun banki taɓawa uku ce ko huɗu, yaron kirki ma yakan ce bari ya gwada sau ɗaya ya mayar kafin a sani. Kuɗin nan kuwa na mutum talatin ne ko arba'in.

Akwai lokacin da abin ya wuce gyaran waya. A 2019 Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa kamuwa da buga gem cikin jerin cututtukan da ta sani, kamar yadda kamuwa da caca take ciki. Ba kowane mai buga gem ake nufi ba, kaɗan ne daga cikinsu. Ana nufin wanda ya kāsa dainawa, ya bar karatu da gona da barci saboda shi, ya kuma ci gaba ko da yana ganin ɓarnar, har kamar shekara guda. In kun ga yaro ya fara ɓoye waya, yana cin bashi ba dalili, ko buhu ya fara raguwa a rumbu, duka da gori ba za su warkar da shi ba, sai dai su koya masa ɓoyewa. A zauna da shi, a sa wani babba da yake jin maganarsa, a raba shi da riƙon kuɗi na ɗan lokaci, in ya yi tsanani a kai shi asibiti.

Ga ƙungiyoyi kuma, muna roƙo kada a ƙara dogara ga shafin Facebook kaɗai wajen sanar da ranar ruwa, ko rabon iri, ko biyan bashi. Ba wanda zai iya tabbatar muku cewa saƙon ya fito a wayar kowa. A tura shi a zauren WhatsApp na ƙungiya, a kira shugabannin unguwanni, a kuma faɗa da baki ranar Lahadi bayan an tashi. Zauren ƙungiya kuwa a sa masa doka, ba a tura mahaɗin gem ko na caca ko na samun kuɗi a sauƙaƙe, ko da da nufin gargaɗi ne. Wanda ya tura, mai kula da zaure ya goge, ya yi masa magana a gefe.

A taron wata mai zuwa za mu ware sa'a ɗaya bayan maganar taki domin wannan aiki. Kowa ya zo da wayarsa da cikakken caji da 'yar data kaɗan, ya kuma zo da yaron da ya fi taɓa ta.